Wa Zai Biya Shinkafar Makoki?

Yau zan taɓa wuri mai zafi, kuma na san akwai dattawan da za su ce yaron nan ba shi da ladabi. Na ɗauka. Amma da gidanmu zan fara, don kada wani ya ce a takarda na karanto.

Shekara uku ke nan da rasuwar mahaifina, Allah ya jiƙan shi. A watan takwas ya cika, tsakiyar damina, lokacin da rumbu ya yi ƙasa, hatsin gona kuma bai nuna ba. Sai da ya yi sati uku kwance a likita a Maraɗi, muna sayen magani da kuɗin da wani amininsa ya ranta mana, jikka 85. Da ya rasu muka kai shi ƙauyenmu, kudu da birni, aka yi masa sutura kafin la'asar. Ni ne babban ɗa namiji. Na gama jami'a, takarda a hannu, aljihu babu ko dala.

Akwai wani tsohon kayen lakwal da na riƙa rubuta duk abin da ya fita a kwanakin nan. Yana nan wajena har yau. Likkafani, sabulu da turare, da ɗan goron da aka ba samarin da suka gina kabari, duka jikka 8. Abin da mamaci ya buƙata daga gare mu ke nan, jikka 8. Wanka kyauta, salla kyauta, makara ta masallaci ce, ƙasa ta Allah ce.

Yanzu ga abin da masu rai suka buƙata. Shinkafa buhu 8 ƙanana, jikka 112. Mai, albasa, tattasai da kayan miya, jikka 45. Itace jikka 15. Awaki biyu jikka 70. Hayar rumfa da kujeru na kwana bakwai jikka 35. Piyawata, shayi, sukari, goro da dabino jikka 40. Kuɗin motar komawa na dangin da suka zo daga nesa jikka 30. Abin da aka miƙa wa malamai jikka 25. Wannan daga ranar rasuwa zuwa sadakar bakwai ne kaɗai. Ranar arba'in aka sake ɗora tukwane, kusan jikka 90 suka tafi. In ka tara za ka samu jikka 460 da ƴar ɗoriya. Mafi ƙarancin albashi da doka ta tsayar a Nijar tun farkon 2024 jikka 42 ne. Ku yi lissafi da kanku: kusan albashin wata 11 na ƙaramin ma'aikaci muka dafa, aka ci, aka wanke hannu, a gidan da ba ya da mai albashi ko ɗaya.

Gudummawar da mutane suka kawo, Allah ya saka musu, ta kai jikka 140. Saura jikka 320 fa? Daren kwana biyu ƙanen mahaifina, wanda muke ce wa Baba Ƙarami, ya ja ni bayan ɗaki ya ce: "Kai ne babba yanzu. Ubanka mutumin mutane ne. In aka zo gaisuwa aka tashi da yunwa, har jikokinka sai an yi wa gori." Na ce: "Baba, ai babu kuɗi." Ya ce: "Babu ba ta hana a rufa asiri. Sa takalminka mu tafi wajen Alhaji."

Na sa takalmina. Wannan shi ne abin da nake so ku riƙe. Ni da na yi shekaru ina zanga-zanga kan bursi, ina ɗaga murya a taron ɗalibai, ban iya cewa ƙanen ubana a'a ba. Saboda haka duk wanda wannan rubutu ya soka, ya sani ni ya fara soka.

Kashi uku muka ci bashin. Mai butiki ya ba mu kaya na jikka 100, za a biya in an samu. Wani ɗan kasuwa ya ba mu jikka 60 a kan buhu 5 na hatsi in kaka ta yi. Sai babbar: muka jinginar da gonarmu ta gabas, wadda ta fi kowace kyau, a kan jikka 160.

Bari mu tsaya kan na biyun, don yaran birni da yawa ba su san shi ba. Mutanen karkara sun daɗe da raɗa masa suna: a ci ba daɗi. Kana karɓar kuɗi da damina, lokacin da wuya ta kai wuya, ka biya da hatsi da kaka. A waccan kakar buhu yana jikka 20 a kasuwarmu. Buhu 5 jikka 100 ke nan. Mun karɓi 60, mun mayar da 100 cikin wata uku. Tun 2014 aka ƙayyade a ƙasashen da ke amfani da sefa ɗinmu cewa ƙananan asusan ba da rance ba za su wuce kashi 24 cikin 100 a shekara ba, abin da ya haura haka doka ta kira shi cin zali. Mu kashi 66 muka biya a wata uku, kuma da muka kai hatsin har godiya muka yi. Shi kuwa ya zuba a sito ya jira damina ta zagayo, ya sayar wa irinmu da tsada.

Jingina ta fi wannan muni, don ita ba ta da ranar ƙarewa. Mai kuɗi yana noma gonarka, abin da ya girbe nasa ne, kuma ko dala ba a ragewa daga bashin. Ranar da ka kawo jikka 160 cif, ranar za ka ga gonarka. Damina uku aka noma tamu muna kallo daga bakin hanya. Ƙanena yana aji na ƙarshe na kwaleji, saura wata kaɗan ya zauna jarrabawa, ya ajiye kaye ya bi mota zuwa Agadas wajen haƙar zinariya yana ɗan shekara 17. Bana, da abin da ya turo, muka fanshi gonar. Gona ta dawo. Karatunsa bai dawo ba.

Shi kuma aminin nan da ya ranta mana kuɗin magani, wanda shi ne bashin da ke wuyan mamacin da gaske, shi muka biya a ƙarshe, saboda shi kaɗai ne bai aiko yaro ƙofar gida ba. Mai butiki kuwa, Inna tana cikin takaba aka fara kawo mata takarda.

Muna zama a fada muna kallon bidiyon jana'izar mutanen Gana da na kudancin Najeriya a waya, akwatin gawa mai siffar kifi ko jirgi, makaɗa da masu rawa, muna cewa kai, mu dai Allah ya rufa mana asiri, namu da sauƙi. Gaskiya ne binnewarmu da sauƙi. Amma abin da suke kashewa a akwati mu a tukunya muke kashewa. Su ko banza ana ganin nasu. Namu an cinye, sai takardar mai butiki.

Kuma kada ɗan birni ya ce wannan ciwon ƙauye ne. A Yamai, a Damagaram, a Tawa, salon ne kawai ya sake. Ma'aikaci yana zuwa ya ci albashinsa tun wata bai yi ba, ko ya ɗauki rancen banki da za a riƙa yanka masa har shekara biyu. Mace tana roƙon ƙawaye a ba ta kwasar adashi kafin lokacinta, kuɗin da ta tara don jarin ƙosai ko na ɗinki su tafi a kwana uku. Wata tana fitar da kayan ɗakinta da dare don kada maƙwabta su gani. Ana kiran yaron da ke Libiya ko Abijan, wanda shi kansa bai gama biyan kuɗin motar da ta kai shi ba, a ce masa ubanka ya rasu, turo na sadaka. Ga sanarwa a rediyo da talabijin da jerin sunayen dangi, kowane suna da kuɗinsa. Ga hayar motar ɗaukar gawa daga Yamai zuwa Maraɗi, fiye da kilomita 600, da bashi, alhali akwai maƙabarta a inda ya cika.

Yanzu bari mu ji masu cewa na yi kuskure, don hujjarsu ba duka ba ce ta banza.

Na farko za a ce sadaka tana isa ga mamaci, wa ya isa ya hana ɗa yi wa ubansa sadaka? Babu. Ni ma ina yi wa nawa. Amma sadaka da abin hannunka ake yin ta, kuma mabuƙaci ake ba. Ku tuna wa ke zaune a inuwar rumfa a kan kujera, wa ake kai wa faranti mai tsoka? Alhazai, ma'aikata, ƴan siyasa, mu ƴan boko. Almajiri yana bakin ƙofa yana jiran ƙanzo. In mai ƙoshi ya ci mai kyau, mayunwaci ya kankare tukunya, sannan maraya ya biya, ku gaya mini sunan wannan abu, don ni ban ga sadaka a ciki ba.

Za a ce wannan zancen ƴan Izala ne. Wannan gardama ta sadakar uku da bakwai da arba'in ta girme ni, an yi ta a masallatan Maraɗi tun ban zo duniya ba, kuma ba ni zan raba ta ba. Ku bar malamai da nasu. Abin da na sani shi ne akwai wurin da duka ɓangarorin suka haɗu. Lokacin da Ja'afar ɗan Abu Ɗalib ya yi shahada a yaƙin Mu'uta, shekara ta 8 bayan hijira, Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, umarni ya bayar a dafa abinci a kai wa iyalinsa, saboda abin da ya same su ya shagaltar da su. Maƙwabta ke ciyar da gidan mutuwa. Mu muka juya abin, gidan mutuwa ke ciyar da gari. An ruwaito kuma an kawo masa gawar wani mai bashin dinari biyu, bai yi mata salla ba sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya. Fiƙihun Malikiyya da ake karantarwa a zaurukanmu ya jera yadda ake taɓa dukiyar mamaci: a yi masa sutura daidai gwargwado, a biya bashinsa, a fitar da wasiyya cikin sulusi, sannan magada su raba. Shinkafar baƙi ba ta cikin jerin. Suratun Nisa'i kuwa ta yi kashedi mai tsanani kan cin dukiyar marayu. Gonar da muka jinginar ba a raba ta ba tukuna, akwai rabon ƙannena uku da ba su balaga ba a ciki. Wa ya tambaye su? Ku nemo mini malami ɗaya, na Tijjaniyya ne, na Ƙadiriyya ne, ko na Izala, da zai ce ya halatta a ci bashi da riba a kan gadon maraya don a ciyar da mai ƙoshi. In kun samo shi zan janye maganata.

Za a ce baƙon da ya taso daga Tasawa ko Dakwaro ko Katsina fa, a bar shi da yunwa? A'a. Wannan hujja ce ta gaskiya. Wanda ya yi tafiyar yini ya zo ya kwana dole ya ci. Amma na zauna a ƙofar gidanmu kwana bakwai, na ga masu zuwa. Na nesa ba su kai talatin ba. Sauran ƴan gari ne, gidajensu ana hango su daga rumfar, sun san lokacin da ake sauke tukunya. Baƙi talatin maƙwabta uku sun ishe su. Buhu 8 ba don su aka dafa ba.

Za a ce ai ana kawo gudummawa. Ana kawowa, kuma abu ne mai kyau da ya kamata mu riƙe. Sai dai ku lura da yadda take tafiya. Gidan mai kuɗi ko mai muƙami gudummawa tana fin abin da aka kashe, har a samu saura. Gidan talaka kuwa masu ci sun fi masu bayarwa. Al'adar da mai hali ke fita da riba, maras hali ya fita da bashi, ba zumunci take ginawa ba.

Abin da ke tura mu dai guda ne, kowa ya san shi: kunya. Tsoron a ce gidan wane ba su yi komai ba. To su waye masu cewa? Mu ne. Mu ne muke komawa fada mu ce makokin gidan Alhaji wane ya yi kyau, har da jus, na gidan wane kuwa ko ruwan sanyi babu. Mu ne muke ɗora hoton rumfa da jerin motoci a WhatsApp. Iyayenmu mata ke auna girman mamaci da yawan tukwane. Bashi hanji ne, yana cikin kowa, haka ake cewa don a kwantar wa mai bashi hankali. Amma akwai bambanci tsakanin bashin taki ko na magani da bashin gori. Wanda ka ji kunyarsa ka ci bashi, ranar biya ba za ka gan shi ba. Cikin ɗaruruwan da suka ci shinkafarmu, babu wanda ya raka ƙanena tasha.

Ina da magana da masu ba da irin wannan bashi. Alhaji, ka san gida na cikin hawaye, ka san ba su da bakin ciniki, a daren nan ka sa farashinka. A kudancin Maraɗi, inda gona ta yi ƙunci har ƴan uwa na kai juna gaban alƙali a kan taki goma, mutuwa ta zama ƙofar da gonakin talakawa ke bi suna komawa hannun masu kuɗi. Kana sahun farko a sallar gawa, kana sahun farko wajen karɓar gona. In da gaske taimako kake, ka ba da rance a mayar maka da abin da ka bayar, ka bar musu gonarsu su noma su biya ka.

To mu matasa me za mu yi? Gida ɗaya ba ya iya karya wannan abu. Na gwada a raina, na kasa. Wanda ya fara shi kaɗai za a ce marowaci ne ko bai so ubansa ba. Kunya a taro aka ƙulla ta, a taro za a kwance ta.

Mu fara da cikinmu. In ka je gaisuwa a unguwarku, ka yi addu'a, ka yi ta'aziyya, ka tashi. In aka miƙo faranti ka ce Allah ya amfana, a ba yaran gida. Ba raini ba ne. In mutum goma suka yi haka a jere, tukunya za ta ragu da kanta. Abin da za ka bayar kuma ka sa shi a hannun matar mamaci ko babbar ƴarsa, kada ya bi ta hannun masu cefane.

Kowace fada tana da asusun shayi, wasu har da na anko in za a yi biki. Ku buɗe na makoki. Mutum 20, kowa dala 100 a wata, jikka 10 ke nan, a shekara jikka 120. Wannan ya isa likkafani da abincin baƙin nesa na kwana uku, a dafa a gidan maƙwabci, a kai musu. Gidan mutuwa kada a ɗora tukunyar taro.

Mu je wajen liman da mai unguwa, da ladabi, mu roƙi su faɗa a bainar jama'a, ranar Juma'a, cewa a unguwar nan zaman makoki kwana uku ne, kuma babu wanda za a zarga don bai dafa ba. Magana ɗaya daga bakinsu ta fi rubutuna dubu. Da a ce liman ya faɗi haka a garinmu, da Baba Ƙarami ya samu abin fakewa, don shi ma ba mugu ba ne, tsoro yake ji.

A bakin kabari ana tambaya ko akwai mai bin mamaci bashi. Kada ta tsaya a al'ada. A rubuta, a fara da shi kafin a sayi ko tiya ɗaya ta shinkafa. Kuma kada a taɓa gona, ko dabba, ko fili, sai an raba gado kowa ya san nasa. Wanda ya balaga ya ga dama ya yi sadaka da rabonsa, shi ya sani.

In kuwa tilas ta sa sai an jinginar da gona, saboda ciwo ko yunwa, kada a yi da baki cikin dare. Tun dokar karkara ta 1993 aka kafa kwamitocin ƙasa, har a matakin ƙauye akwai wanda ake kira Kofob, kuma suna ba da takardar shaidar jingina. Mu ba mu yi ba. Da Alhajin ya mutu kafin mu biya, da sai mun yi shari'a da ƴaƴansa a kan gonar kakanmu, ba mu da ko layi ɗaya a rubuce.

Na ƙarshe, kuma shi ya fi wuya: ku yi magana da iyayenku tun suna da rai. Na san ba a so, ana ganin kamar kira ne. Amma tsohon da ya tara ƴaƴansa ya ce in na mutu kada a ci bashi da sunana, ya bar musu garkuwar da babu kawu ko gwaggon da zai iya fasawa. Mahaifina mutum ne da ko goro ba ya ci bashi. Na tabbata da an tambaye shi, da ya zaɓi ɗansa ya gama lakwal.

Watan jiya na je gaisuwa a wata unguwa nan Maraɗi. Na ga babban ɗan mamacin, bai wuce shekara 22 ba, wani dattijo ya ja shi gefe yana yi masa magana ƙasa-ƙasa, yaron yana kallon takalminsa. Na san maganar, na san inda za su. Na tashi na bi su na ce: "Baba, a yi mini haƙuri, ina da ƴar magana." Dattijon ya dube ni sama da ƙasa ya ce: "Kai ɗan wane ne?" Na faɗa masa. Na kuma faɗa masa jikka nawa muka ci da damina nawa muka rasa. Bai ce na yi daidai ba. Amma ya koma ya zauna, yaron kuma bai fita ba a daren.

Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa in tamu ta zo mu cika da imani, kada mu bar wa ƴaƴanmu takardar mai butiki.